Mece Ce S76.3 a Takardar Asibitin Ƙanena?

TAMBAYA

Ni malamin firamare ne a Yusufari. Makonni uku da suka wuce ƙanena yana dawowa daga wajen Tulo-Tulo da amalanken shanu ɗauke da buhunan kanwa, sai amalanken ya kafe a rairayi. Ya sauko ya sa kafaɗa zai tura, ya ce sai ya ji kamar igiya ta tsinke a bayan cinyarsa ta hagu, nan take ya zauna. Muka kai shi wurin mai ɗori, ya laluba ya ce babu karaya, jijiya ce ta harɗe, ya murza wurin ya gasa. Bayan kwana biyu cinyar ta ƙara kumbura, ta yi baƙi har bayan gwiwa, sai muka tafi asibiti. An yi hoto, an ce ƙashi lafiya lau. A takardar da aka ba mu an rubuta S76.3, a ƙarƙashinta kuma X50. Wani maƙwabcinmu ya ce duk ranar da likita ya rubuta lamba maimakon suna, to babban ciwo yake ɓoyewa. Ɗana kuma ya duba a waya ya ga wata lamba mai tsawo, S76.312A, ya ce tamu ba ta cika ba. Tun ranar mahaifiyarmu ba ta samun barci. Don Allah mene ne gaskiyar lamarin, kuma yaushe zai iya komawa aiki?

Daga wani mai karatu, Yusufari.

AMSA

Malam, sannunku da jinya, Allah ya ba shi lafiya. Kafin ka ƙarasa karanta wannan amsa, tashi ka je ka gaya wa Inna ta kwanta ta yi barcinta. Idan aka mayar da S76.3 Hausa, cewa take yi: rauni a tsokar bayan cinya da agararta. Ita kuma X50 cewa take yi yunƙuri ne wanda ya fi ƙarfin jiki ya jawo raunin. Ka ga ke nan takardar ba ta faɗi komai ba sai abin da ƙanenka ya riga ya gaya muku tun yana zaune a kan rairayi riƙe da cinya.

Ban ga laifin maƙwabcinku ba. Rubutun likita dama kamar tonon kaza yake, ga shi da Turanci, sannan a ɗora harafi da lamba. Dole zuciya ta raya wa mutum wani abu. Amma a yi tunani: abin da ake so a ɓoye ba a buga shi a littafin da kowa zai iya buɗewa. Shaida ita ce ɗanka, yana zaune a tsakar gida a Yusufari ya shiga waya ya tarar da dangin lambar. Lambar ciwo kamar lambar mota take. Haruffa ukun da ke jikin lambar mota suna nuna ƙaramar hukumar da aka yi mata rajista, kuma ba wanda ya taɓa cewa mai mota yana ɓoye asalinsa ne don ya maƙala ta.

Littafin da lambar ta fito daga ciki shi ne kundin rabe-raben cututtuka na duniya, wanda ma'aikatan asibiti ke kira ICD a taƙaice. Hukumar Lafiya ta Duniya ce ke riƙe da shi. Asalinsa ma ba don masu rai aka yi shi ba. A shekarar 1893, a wani taron masana ƙididdiga a birnin Shikago na Amurka, aka amince da jerin da wani Bafaranshe mai suna Jacques Bertillon ya tsara na abubuwan da ke kashe mutane, domin ƙasashe su riƙa ƙirga mamatansu da ma'auni ɗaya. Sai a 1948, da Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi aikin a bugu na shida, aka shigar da cututtuka da raunukan da mutum ke yi ya warke. Bugu na goma, wanda lambar ƙanenka ta fito daga cikinsa, an amince da shi a 1990, ƙasashe suka fara aiki da shi daga 1994. Akwai na sha ɗaya, da aka amince da shi a watan Mayun 2019 ya fara aiki ranar 1 ga Janairun 2022, amma sauya kundi a asibitocin ƙasa guda ba aikin dare ɗaya ba ne, shi ya sa har yanzu na goman ne a kan tebura da yawa.

Yanzu mu karanta lambar daki-daki. Harafin S unguwar raunuka ce, wato abin da ya sami jiki daga waje ko ta hanyar wani motsi, ba cutar da ta tsiro daga ciki ba. An bi jiki ne daga sama zuwa ƙasa: kai ne a farko, sai wuya, sai ƙirji, har a gangaro tafin ƙafa. Daga S70 zuwa S79 layin kwatangwalo da cinya ne. A cikin layin nan kowane gida da mai shi. S70 ƙujewa ce da bugu da taruwar jini a sama-sama. S71 rauni ne mai baki, kamar sara ko suka. S72 karayar ƙashin cinya, wadda ita ce kuka ji tsoro, hoto kuma ya kore ta. S73 gocewa ko targaɗen gaɓar kwatangwalo. S76 tsoka da agara. Lambar da ke bayan ɗigo kuwa ɗaki ce a cikin gidan: 1 tsokar gaban cinya, mai kai huɗu, wadda ke miƙe gwiwa, 2 tsokar cikin cinya, ta wajen matsematsi, wadda mahayin doki ko raƙumi ke matse dabba da ita, 3 ta baya, wadda masu sharhin ƙwallo ke kira hamstirin idan ɗan wasa ya tsaya cak yana tsaka da gudu ya dafe bayan cinya.

Da gangan na tsallake gida biyu, domin a nan ne maganar ta fi daɗi. Mai ɗori ya ce muku jijiya ce. Bai yi ƙarya ba, amma ka tsaya ka duba kalmar. A Hausa hanyar da jini ke bi jijiya ce. Zaren da ke kai saƙo daga ƙwaƙwalwa zuwa ƙafa, wanda idan ya mutu ƙafa ke shanyewa, shi ma jijiya ne. Igiyar da ta ɗaure tsoka da ƙashi, wadda mahauci ke ce wa agara, ita ma jijiya muke ce mata. Kalma ɗaya, abu uku, kuma a cikin kundin kowanne gidansa daban: S74 jijiyar saƙo, S75 jijiyar jini, S76 tsoka da agara. Tsakanin ukun nan akwai tazarar da ta kai tsakanin mutuwa da rayuwa. Babbar jijiyar jinin cinya idan ta yanke, mintoci kaɗan ake da su. Jijiyar saƙo idan ta lalace, mutum na iya ƙarewa yana jan ƙafa. Tsoka kuwa nama ne mai wadatar jini, yawanci haɗe kanta take yi idan aka ba ta lokaci. Don haka da Inna ta san karatun lambobin nan, ganin 76 maimakon 74 ko 75 ko 72 sai ta yi sadakar ƙosai.

Wannan ba aibin Hausa ba ne. Kowane harshe yana yanka jiki yadda masu shi suke bukata, Bature ma a bakin titi kalmominsa a cakuɗe suke. Amfanin lamba ke nan: likitan da ke Nguru, da na Kano, da na Damagaram wanda ya yi karatunsa da Faransanci, da na Alƙahira, duk idan suka ga S76.3 wuri ɗaya za su dafa a jikin mutum. Ku da kuke bakin iyaka kun fi kowa sanin darajar wannan, tunda ba a rasa mai zuwa asibiti daga tsallake da takardar da ba wanda ke iya karanta ta sai lambar da ke jikinta.

Ita kuwa X50 daga wani babi take, babin musabbabi. Lambar farko tana faɗin abin da ya lalace, ta biyu tana faɗin yadda aka yi ya lalace. Da a ce ƙanenka faɗowa ya yi daga kan amalanken yana tafiya, da V80 za a rubuta, wadda aka ware wa mahaya dabbobi da abin da dabba ke ja. Da sa ne ya tunkuye shi ko jaki ya harbe shi, W55. Da a kan babur yake ya faɗi a hanyar Gashuwa, da an nemo ta tsakanin V20 da V29. Wanda ya rubuta muku X50 ya saurari labarin da kyau, kuma a gaskiya ya cancanci yabo, domin wannan lamba ta biyu ita aka fi mantawa da ita.

Sai maganar ɗanka. Ka ce masa ya yi ƙoƙari, amma kundin wata ƙasa ya buɗe. Amurka ta ɗauki bugu na goma ta faɗaɗa shi don bukatar kamfanonin inshorarta, ta fara aiki da nata ranar 1 ga Oktoban 2015. Na Hukumar Lafiya ta Duniya yana da lambobi wajen 14,000, na Amurka kuwa ya kai wajen 70,000. A nasu, bayan S76.3 sai a ƙara 1 don a nuna tsokar jan ta aka yi ta yage daga ciki, ba yanka ba ne. A ƙara 1 idan dama ce, 2 idan hagu ce. Sannan harafi a ƙarshe: A idan ana tsakiyar magani, D idan an dawo bibiya ana warkewa, S idan wata matsala ce da tsohon rauni ya bari. S76.312A ke nan: yagewar tsokar bayan cinyar hagu, ana kan magani. Daidai take da ciwon ƙanenka, amma ba ita ce ma'aunin asibitinku ba. Intanet cike take da shafukan Amurkawa, shi ya sa duk wanda ya bincika tasu yake fara gani. Mutanen nan har lamba suka ware wa wanda agwagwa ta buge, W61.62, da wata daban ta wanda saniya ta ciza. Mu da muke da raƙuma da shanun amalanke W55 ɗaya ta ishe mu. A taƙaice takardarku ta cika. Abin da kawai zan so ka duba shi ne ko likita ya rubuta kalmar hagu a bayaninsa, tunda lambar ba ta nuna ɓangare.

A kula kuma, ba kowace lamba a takardar asibiti ce lambar ciwo ba. Akwai lambar kati, wadda ita ce sunan mutum a ɗakin ajiyar fayil, ba ta canzawa ko da me ya zo. Akwai lambar izini, da masu inshora ke bayarwa kafin a tura mara lafiya daga ƙaramin asibiti zuwa babba. Ta ciwo ita ce mai farawa da harafi, sai lamba biyu, wani lokaci da ɗigo.

Wa yake rubuta ta? Sau da yawa ba likita ba ne. A manyan asibitoci irin Cibiyar Lafiya ta Tarayya da ke Nguru ko Asibitin Koyarwa na Aminu Kano akwai sashe guda na ma'aikatan adana bayanan lafiya, waɗanda jama'a ke ce wa masu kati. Mutane na ɗauka aikinsu miƙa kati ta taga ne kurum, alhali sana'a ce da ake karanta ta, tana da hukumar da ke yi wa masu ita rajista a Najeriya. Idan an sallami mara lafiya, fayil ɗinsa na komawa hannunsu. Kundin nan juzu'i uku ne: na farko jerin lambobi, na biyu ƙa'idojin aiki, na uku fihirisa. Ma'aikaci zai fara da na uku, ya nemo kalmar da likita ya rubuta, ya bi ta da yatsa har ya kai cinya, sannan ya koma na farko ya tabbatar, ya karanta abin da lambar ta ƙunsa da abin da ta ce ban da shi. Ƙa'idarsa ita ce ba ya ƙirƙirar abin da likita bai rubuta ba. Idan likita ya ce ciwon ƙafa ya tsaya, to M79.6 za a sa, wato ciwon hannu ko ƙafa haka kawai, wadda ba ta gaya wa kowa komai. Idan ya ce ciwon tsoka, M79.1. Akwai ma wata, M62.6, mai suna kusan iri ɗaya da ciwon ƙanenka, wadda kundin ya ce kada a sa ta idan sabon rauni ne. Sabon ma'aikaci kan faɗa ramin nan.

Shi kuma likita ba ya rubuta abin da ba a gaya masa ba. Nan ne naku hannun ya shigo. Mu Hausawa, da maƙwabtanmu Mangawa da Fulani, muna da wata kunya a gaban likita: a tambayi mutum me ke damunsa, ya ce jiki ne dai. A ce ina, ya shafa daga ƙugu har idon sawu. Ƙanenka ya taimaki kansa da ya ce ga abin da nake yi, ga inda na ji, ga irin ƙarar da na ji. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Za ka iya cewa, to idan an warke, ina ruwan talaka da lambar da aka jefa a fayil? Ruwansa biyu ne. Na farko aljihu. Tun da aka sa hannu a dokar hukumar inshorar lafiya ta ƙasa a watan Mayun 2022, wadda ta wajabta inshora a kan kowa, ga kuma hukumar taimakekeniyar lafiya ta Jihar Yobe da ma'aikata irinka suke ciki, asibiti na neman kuɗinsa ne da takarda. Mai biya yana duba ko ciwon da aka rubuta ya dace da aikin da aka yi. Idan an nemi kuɗin hoton ƙashi da gashin ƙashi amma an rubuta ciwon jiki kawai, takarda na iya dawowa, daga ƙarshe a waiwayo kan mara lafiya.

Na biyu ya fi girma. Da waɗannan lambobi ake ƙirga ciwon gari. Ƙananan asibitocin ƙauye ba sa ba kowane mutum lamba. Babban littafin rajista gare su, da fom ɗin ƙarshen wata da ake shigarwa a manhajar DHIS2, wadda Jami'ar Oslo ta ƙasar Norwe ta ƙirƙira, Najeriya kuma ke tattara bayanan lafiyarta a kai. Manyan asibitoci su ke aiki da kundin. Daga waɗannan alƙaluma ne mai tsara kasafi a Damaturu ko Abuja yake ganin garinku, shi da wataƙila bai taɓa taka rairayin yankinku ba. Na taɓa zama a wani ƙaramin asibiti, ba zan faɗi sunansa ba, ina jiran a duba wata 'yar'uwata, rajistar na buɗe a gabana. Na bi shafi biyu da ido: zazzaɓi, ciwon jiki, zazzaɓi, ciwon jiki, har ƙasa. A kan bencin da nake kuwa akwai wani dattijo da ya ɗaure cinya da tsumma, da yaro mai kumburarren gwiwa, da wata mata da ta ce guga ce ta fizge ta a bakin rijiya. Ina kallo aka rubuta wa dattijon ciwon jiki. Ma'aikacin shi kaɗai ne, layi har waje, ban iya ganin baƙinsa ba. Amma wanda zai karanta wannan rajista a ofis cewa zai yi mutanen nan maganin sauro kawai suke bukata, ba mai tunanin turo musu mai gashin ƙashi ko na'urar sikanin.

Ku mutanen wannan yanki kuna da misalin da ya fi nawa. Ciwon ƙoda ya daɗe yana cin mutane a Gashuwa da garuruwan da ke bin kogin Yobe, har masu bincike na Jami'ar Jihar Yobe da ke Damaturu suka duƙufa a kansa. Kowa a yankin ya san gidan da aka yi rashi. Amma gwamnati da masu ba da tallafi ba sa aiki da an ce. Tambayarsu ita ce mutum nawa, 'yan shekara nawa, daga wace unguwa. Amsar tana cikin fayilolin da aka rubuta wa N18, lambar ciwon ƙoda mai daɗewa. Duk fayil ɗin da aka rubuta wa kumburi ko rashin jini aka tsaya, mutum guda ne ya ɓace daga lissafi.

Mu dawo kan cinyar, domin ita ce ke hana shi neman abinci. Lambar ba ta faɗin girman yagewar, wannan sai hannun likita. Mataki uku ne. Na farko 'yan zaruruwa ne suka tsinke, mutum na tafiya yana ɗan ɗingishi, mako ɗaya zuwa uku ya wuce. Na biyu wani sashe na tsokar ya yage, akwai kumburi da taruwar jini, yakan ɗauki mako huɗu zuwa takwas. Na uku tsokar ta rabu gaba ɗaya ko agarar ta ɓalle daga ƙashi, wannan wata uku ne ko fiye, wani lokaci sai an yi aiki. Yadda ka kwatanta, da ƙarar tsinkewa, da zama nan take, da baƙin da ya gangara bayan gwiwa, ya fi kama da na biyu, amma ba zan yanke hukunci daga nesa ba. Baƙin nan kada ya tsorata ku: jinin da ya zuba a ciki ne yake bin gangare, zai koma kore-kore, ya yi rawaya, ya ɓace.

Ga inda nake so ka buɗe kunne. Tsokokin bayan cinya uku ne, kuma a sama suna kame ne da ƙashin da mutum ke zama a kai. Idan har yau, bayan mako uku, ƙanenka ba ya iya zama a kan benci sai ya karkace, ko ya kwanta rub da ciki ya kasa ɗago diddige zuwa ɗuwawu, ko ana jin rami a ƙarƙashin ɗuwawun da dunƙulen nama a ƙasa da shi, ko ƙafar na yin sanyi da tsira-tsira kamar tururuwa na bi, to ku koma asibiti cikin makon nan ku nemi a yi sikanin. Hoton ƙashi ba ya nuna nama. Cewar ƙashi lafiya lau gaskiya ce, amma ba ta ce agara na nan a maƙale ba, kuma agarar da ta ɓalle ta fi sauƙin mayarwa a makonnin farko kafin tsokar ta janye ta ƙage.

Game da mai ɗori, ba na cikin masu zaginsu. Mutumin da ya laluba ya ce babu karaya, hoto kuma ya gaskata shi, ya san hannunsa. Inda aka yi kuskure shi ne murza da gashi a ranar farko. Tsokar da ta yage jini take zubarwa a ciki. Zafi na buɗe hanyoyin jinin, murza na ƙara ɓarka abin da ya fara haɗuwa. Shi ya sa kumburin ya ƙaru. Murza mai ƙarfi a kan taruwar jinin cinya ma na iya sa wani abu mai tauri kamar ƙashi ya tsiro a tsakiyar naman. A kwana biyu zuwa uku na farko sanyi ake so: a sayo ƙanƙarar fiya wata a naɗe ta a tsumma, a ɗora minti 15 zuwa 20, a ɗauke, a maimaita bayan 'yan sa'o'i. A ƙauyen da babu ƙanƙara, tsumma da ruwan randa ya fi babu. A naɗe cinyar da bandeji ba tamau ba, a ɗora ƙafar a kan filo. Gashi da ruwan ɗumi na da ranarsa, amma bayan kumburi ya fara sauka. Wannan ya wuce ga ƙanenka, na faɗa ne don na gaba.

A matakin da yake yanzu, kwanciya kullum ita ma cuta ce. Nama na haɗuwa da tabo, tabo kuma idan ba a motsa shi ba gajere yake zama, ya sake yagewa a yunƙurin farko. Ya riƙa tafiya a ƙasa mai tauri gwargwadon abin da ba ya sa shi ɗingishi, ya guji rairayi mai zurfi tukuna, domin tafiya a cikinsa aiki biyu ce ga bayan cinya. Ya kwanta rub da ciki ya riƙa ɗago diddige a hankali yana saukewa. Idan wannan ya daina zafi, ya kwanta rigingine, ya kafa ƙafafu, ya ɗaga ƙugu sama. Ɗan ja ba laifi, amma zafi mai suka alama ce ta a dakata. Ranar komawa aiki ba kalanda ke faɗin ta ba. Sai ya iya sauri ba ɗingishi, ya tsuguna ya miƙe, ya sunkuya ya ɗaga abu mai ɗan nauyi ba tare da ya ji wurin ba, kuma hagun ta yi ƙarfin daman. Ko a lokacin, ya fara da jan akalar shanu, ya bar wa wasu tura amalanke da ɗora buhu na wasu makonni. An fi sake yin wannan rauni a makonnin farko na komawa aiki, na biyun kuma yakan fi na farko daɗewa.

Sai magani, kuma a nan zan ɗaga murya. Na san yadda ake yi: a je kemis a ce a haɗa min na ciwon jiki, a ƙulla wa mutum diklofenak da ibufurofen da wani na uku a leda ɗaya, ya kora da shayi ya koma rana. Magungunan nan dangi ɗaya ne, haɗa su ba ya ƙara warkarwa, illa kawai yake ninkawa. Suna rage jinin da ke zuwa ƙoda, kuma haɗarin ya fi yawa ga wanda ke aiki cikin zafin da ke haura digiri 40, yana zufa ba ya shan ruwa sosai. Suna kuma cin ciki. A yankin da ƙoda ke da labari irin naku, kada garin gyaran gira a rasa ido. Farasitamol bisa ƙa'ida ya isa yawancin irin wannan ciwo. Idan likita ya rubuta ɗaya daga waɗancan, a sha na kwanakin da ya faɗa, bayan cin abinci, da ruwa mai yawa, a tsaya. Tiramadol ba shi da gurbi a nan. Allura a cikin cinyar da ke ciwo kuma, a hannun wanda ba ma'aikacin lafiya ba, hanya ce ta mayar da rauni ƙurji.

Abu na ƙarshe, don masu karatu da za su ga wannan amsa su ce ai nawa ma haka ne. S76 ta mai rauni ce, wanda ya san ranar da sa'ar da abin ya faru. Cinyar da ta kumbura haka kawai ba yunƙuri ba faɗuwa, ta yi zafi, ga zazzaɓi, tana iya zama mugunya ce ta taru a cikin tsoka, abin da ba baƙo ba ne a ƙasashe masu zafi, kuma sai an fitar da ita. Ƙafar da ta kumbura gaba ɗaya bayan haihuwa, ko doguwar jinya, ko doguwar tafiyar mota, tana iya zama gudan jini ne ya toshe jijiya. Murza wannan na iya tura gudan zuwa huhu. Yaro mai sikila da ke kukan cinya, ko matashin da ya fara ɗingishi yana nuna cinya ko gwiwa alhali ciwon na kwatangwalo ne, ko tsohuwar da ta zame a banɗaki ta kasa taka ƙafa, duk waɗannan asibiti za a nufa da su kai tsaye, kowannensu da tasa lambar daban.

Malam, ka adana takardar nan a leda, ka ɗauki hotonta a waya, ku tafi da ita duk ranar da za ku koma. Idan aka sake rubuta muku wata lamba, ka tambayi likita ko mai kati ya faɗa maka sunanta da Hausa; haƙƙinku ne, kuma ba ya ɗaukar minti guda. A gaida Inna, a gaida mai jiki, ka kuma rubuto mana idan ya fara taka ƙafar sosai.